Dodon da ya iya Hausa: fim ɗin tsoro na fassara da yaranmu

Ranar wata Talata na dawo daga aikin dare da misalin ƙarfe takwas na safe. A al'ada 'yata mai shekara 7 ita ce ke fara tarbata tun daga zaure, ta ƙwace jakata tana laluben ko na sayo ƙosai. Ranar ban gan ta ba. Na same ta rakuɓe a bayan ƙofar ɗaki, na miƙa hannu na ce, "Zo nan, 'yar Mama." Sai yarinya ta ƙwalla ƙara kamar an ɗora mata garwashi.

Kwana uku muka yi a haka. Ta koma fitsarin kwance, abin da ta daina tun tana shekara 4. In na dama koko na miƙa mata ba za ta sha ba, sai in babanta ne ya ba ta. Na auna zafin jikinta, lafiya lau. Na yi mata gwajin zazzaɓin cizon sauro, babu. Surukata ta ce, "Ke dai a dage da tofi, yaran yanzu ba su da tsari." Muka dage da addu'a safe da yamma, kuma na ji daɗin hakan, sai dai zuciyata ta ci gaba da gaya mini akwai abin da ban sani ba.

A rana ta huɗu yayanta mai shekara 12 ya fasa ƙwai. Ashe daren da nake asibiti, ƙanwar mijina da ke kwana da su ta kunna musu fim ɗin Indiya na fassara a wayarta. Ta ga fara'a da waƙa a farkonsa, ta ɗauka na iyali ne, barci ya ɗauke ta, yara suka kalle shi har ƙarshe. Babu aljani a ciki, jinin ma kaɗan ne. Labarin wata uwa ce da hankalinta ke gushewa sannu a hankali har ta fara zuba wa 'ya'yanta wani abu a abinci. Duk lokacin da za ta yi, sai ta tausasa murya, da Hausa tsantsa irin ta gidanmu, ta ce: zo nan, 'yar Mama.

Na karɓi wayar na kalle shi ni kaɗai. Shekara tara ina aikin jinya, na wanke raunin haɗarin mota, na rufe idon mamaci, amma daren nan sai da na bar fitila a kunne.

Da can harshe ne katangarmu

Kallon fim ɗin Indiya a ƙasar Hausa ba yau aka fara ba. Tun kafin a haifi iyayen wasunmu 'yan kasuwa Kwarori suke kawo su gidajen silima na Kano, daga baya gidajen talabijin suka ɗauka, sannan kaset da faifai suka shigo da su har uwar ɗaki. A duk tsawon zamanin nan, mafi yawanmu ba ma jin abin da ake faɗa. Muna bin fuska da kiɗa ne, in an yi sa'a akwai wani yaya a gefe mai cewa, "Yanzu ce masa ya yi zai rama." Rashin jin harshen nan ya zame wa yaro katanga. Ko mugu ya zare ido, yaro ya san wannan wani baƙo ne daga wata duniya, yana magana da yaren da ba a yi a gidansu.

Fassara ta rushe wannan katanga. Kamfanoni irin su Algaita da Sultan sun sa finafinan Indiya sun koma magana da Hausa, kuma wasu da dama sun bi sahu, har da masu fassara na Koriya da Turkiyya da Amurka. Maganar gaskiya, aikin akwai gwaninta, ya samar wa matasa sana'a, kuma ya bai wa kakar da ba ta jin Turanci damar bin labari daga farko zuwa ƙarshe. Ni ma ina kallo idan na samu hutu. Sai dai gwanintar ce take ƙara wa fim ɗin tsoro kaifi. Mugun ya daina zama baƙo. Yana sallama, yana cewa "sannu da gida," yana kiran yarinya "ƙanwata," muryarsa irin ta kawu ce ko ta malamin aji.

Tsoron da ba shi da ƙaho

Finafinan tsoro iri biyu ne a taƙaice. Akwai na dodo da fatalwa da jini, wanda abin tsoron yana da siffa, ana ganinsa, a ƙarshe a kashe shi. Akwai kuma wanda ke wasa da tunani. Shi wannan ba ya nuna miki dodo, sai dai ya sa ki daina yarda da abin da kike gani. Wanda aka amince da shi ne yake zama abin gudu: uwa, miji, likita, malami, ko kuma hankalin mutum ya juya masa baya.

Salon tsoho ne. Psycho na Alfred Hitchcock ya fito a 1960, kuma mai laifin cikinsa saurayi ne mai kunya da ladabi. A Indiya, Manichitrathazhu na 1993 ya ba da labarin matar aure da ake zaton fatalwa ce ta shige ta, ashe larurar ƙwaƙwalwa ce. Shi ne aka sake yi da sunan Chandramukhi a 2005 tare da Rajinikanth, sannan Bhool Bhulaiyaa a 2007 tare da Akshay Kumar da Vidya Balan. Ratsasan na 2018 kuwa labarin wani ne da ke farautar 'yan mata 'yan makaranta, yana fara jan su da wasa da kyauta. Ga babba, waɗannan labarai ne masu riƙe hankali. Ga yarinya mai zuwa makaranta kullum da ƙafa, na ƙarshen nan bayani ne a kan hanyar da take bi.

Ki tuna yadda ake yi mana tatsuniya. Akwai Dodo a ciki, yana cin mutane ma. Amma kaka ce ke faɗa, muna jingine da cinyarta, tana kallon fuskokinmu, in ta ga ƙarami ya fara rawar leɓe sai ta sassauta. Ta buɗe da "ga ta nan ga ta nanku," ta rufe da "ƙurunƙus," har ta ƙara da cewa ba don Gizo ba da ta yi ƙarya. Yaro ya san inda labari ya fara da inda ya ƙare. Waya ba ta kallon fuskar yaro, kuma finafinan wasa da tunani da gangan suke ƙarewa ba tare da sun rufe ƙofa ba.

Abin da ke faruwa a jikin yaro

A cikin ƙwaƙwalwa akwai wani ɗan sashe da ake kira amigdala, aikinsa gadi. Da ya hango haɗari sai ya buga ƙararrawa, jiki ya saki sinadarin adirenalin da kotisol, zuciya ta ƙara gudu, numfashi ya yi sama, tafin hannu ya jiƙe. Mai gadin nan ba ya tsayawa tambayar ko fim ne ko gaske. Sashen gaban ƙwaƙwalwa ne yake zuwa daga baya ya ce a kwantar da hankali, wasa ne. To wannan sashe na gaba shi ne na ƙarshe wajen nuna, ba ya kammala girma sai mutum ya haura shekara 20. Ƙararrawar yaro tana aiki sosai, mai kashe ta ne bai gama girma ba.

Wata malamar jami'ar Wisconsin a Amurka, Joanne Cantor, ta shafe shekaru tana nazarin tsoron da kallo ke jefa wa yara. A 1999 ita da Kristen Harrison suka wallafa binciken da suka yi a kan ɗaliban jami'a kimanin 150. Kusan 9 cikin 10 sun ce akwai abin da suka taɓa kallo suna yara ko suna matasa da ya razana su sosai. Fiye da rabinsu sun ce barcinsu ko cin abincinsu ya rikice bayan kallon. Kusan kashi ɗaya cikin huɗu kuwa sun ce har lokacin da ake tambayarsu tsoron bai gama sakinsu ba. An kuma lura cewa waɗanda suka yi kallon suna ƙanana su ne abin ya fi daɗewa a jikinsu.

Aikinta ya nuna wani abu da ya kamata kowace uwa ta riƙe. Yaro ƙarami, ƙasa da shekara 7 ko 8, siffa ce ta fi ba shi tsoro: mummunar fuska, ko mutum mai kyau ya rikiɗe ya zama wani abu. Wanda ya haura haka kuwa, abin da zai iya faruwa da gaske ne yake tayar masa da hankali: sata, kisa, mutuwar iyaye. Saboda haka kada ki ce ɗanki ya kai 11, ya wuce tsoro. Shekarun nan ne ya fara gane cewa mugun mutum ba tatsuniya ba ne, musamman a ƙasar da yake jin manya suna hirar masu garkuwa da mutane.

Lambar da ta faɗi a hanya

Kusan kowane fim yana fitowa daga ƙasarsa da alamar shekarun da suka dace. A Indiya, U na kowa ne, UA sai da kulawar iyaye, A kuwa na wanda ya kai 18 ne kawai. A Amurka, R na nufin ɗan ƙasa da 17 ba ya shiga sai da babba. A Nijeriya hukumar tace finafinai ta ƙasa, wadda aka kafa a 1993, tana da alamomi irin su G da PG da 12 da 15 da 18, Jihar Kano kuma tana da tata hukumar tun 2001.

Amma ta wace hanya fim yake iso wayar gidanki? Daga shagon masu tura finafinai, a zuba ashirin a memori lokaci guda. Daga Telegram, ko YouTube, ko ƙawa ta tura ta Xender, ko guntu-guntu a TikTok. A wannan tafiya alamar shekaru takan faɗi. Sau da yawa an yanke farkon fim ɗin, an kuma raɗa masa sabon suna na Hausa, ta yadda ko kin so ki bincika ba ki san asalin sunansa ba.

Ga kuma barkwanci. Masu fassara sun iya cusa raha, su sa ɗan Indiya ya ambaci tuwo ko ya yi habaici irin na 'yan Kano. Uwa tana kicin tana jin yara suna ƙyalƙyala dariya, sai hankalinta ya kwanta. Ba ta san minti arba'in bayan nan labarin zai juya ba. Harshe kawai fassara ta sauya. Hoton yana nan, kiɗan da ke sa gaba faɗuwa yana nan, kuma fim ɗin da aka yi wa 'yan shekara 18 bai zama na 'yan shekara 8 ba don ya koma Hausa.

Mu ma ba mu tsira ba

Na sha karɓar mata a wurin aiki da ƙorafin faɗuwar gaba da rashin barci, a auna jini lafiya, a duba zuciya lafiya. In hira ta yi nisa sai ki ji maigida yana tafiye-tafiye, ita kuma takan raba dare da waya a ƙarƙashin bargo, da abin ji a kunne. Ba na cewa fim ne ke haddasa kowace damuwa. Amma wadda ta riga tana ɗauke da nauyi, kamar mai jego da ba ta samun barci, ko wadda ta taɓa tsere wa 'yan bindiga, ko ta rasa ɗa, irin wannan kallo yana iya fama mata miki. Idan kin lura bayan kallo kina duba ƙofa sau uku, ko wani hoto yana dawo miki kina salla, jikinki ya ba ki amsa.

Akwai wata illa da ta fi damuna a matsayina na ma'aikaciyar jinya. Yawancin finafinan nan suna ɗora laifin kisa a kan mai larurar ƙwaƙwalwa, fassara kuma ta taƙaita komai da kalma guda: mahaukaci. A zahiri mafi yawan masu wannan larura ba sa cutar da kowa, su ne ma aka fi cutarwa. Mai jegon da ta fara jin tunaninta yana rikicewa, idan abin da ta sani game da larurar daga fim ne, ɓoyewa za ta yi don kada a raba ta da jaririnta, alhali ciwo ne da ake magani a warke. Muna da asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya a Kaduna da Kware da Maiduguri, ga na Dawanau a Kano, kuma a farkon 2023 aka sa hannu a sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa da ta maye gurbin tsohuwar ta 1958. Kada mu bari fim ya mayar da mu baya.

Idan ya riga ya gani

Abu na farko, ki tabbatar ba ciwo ba ne. Yaron da ke firgita tare da zazzaɓi, ko jijjiga, ko sanƙarewar wuya, ko sambatu da rana tsaka, asibiti za a kai shi nan take, domin zazzaɓin cizon sauro mai taɓa ƙwaƙwalwa da sanƙarau ba sa jira. Haka kuma, idan yaro ya tsiri tsoron wani mutum guda, kada ki yi saurin ɗora wa fim. Ki keɓe da shi ki tambaye shi a natse ko wani ya taɓa shi ko ya tsorata shi.

Idan kin tabbatar kallo ne, kada ki yi faɗa, kada kuma ki bari 'yan'uwansa su mayar da shi abin tsokana. Yaron da aka daka saboda ya kalla, gobe zai kalla ya yi shiru. Ki ce ya ba ki labarin da bakinsa, ki saurara har ƙarshe.

Ƙaramin yaro ba dogon bayani yake buƙata ba. "Ai ba gaske ba ne" ba ta cika shiga kansa ba. Jikinki yake buƙata: runguma, fitila mai ɗan haske, kwana kusa da ke na 'yan kwanaki, da addu'o'in kwanciya da kuka saba, ki tofa a hannu ki shafa masa. Babban yaro kuwa bayani ne ke yi masa aiki. Ki nuna masa yadda ake haɗa fim, ki gaya masa abin da gidanku ke yi don tsaro, ki amsa tambayarsa ba tare da ƙarya ba.

Ki kuma bambance mugun mafarki da firgitar barci. Mai mugun mafarki yakan farka sosai, galibi can wajen asuba, ya gane ki, ya tuna abin da ya gani. Mai firgitar barci kuwa a farkon dare yake zabura, ido buɗe yana ihu amma bai farka ba, da safe bai san an yi ba. Shi wannan ba a girgiza shi, a dai kare shi daga buguwa har ya lafa. Idan tsoro ya haura wata guda, ko ya hana yaro makaranta ko cin abinci, ku ga likita.

Kafin a danna

Ki nemi asalin sunan fim. In an sauya shi, ki ɗauki hoton fuskar jarumin ki bincika da Google Lens, ko ki tambayi mai turawa. Da kin samu sunan, shafin IMDb yana da sashen jagorar iyaye da ke lissafa abin da ke ciki filla-filla. Minti biyu ya isa.

Idan ba ki samu ba, ki ja fim ɗin gaba ki leƙa tsakiya da kuma minti ashirin na ƙarshe. Farko ba ya nuna komai. Ki gaya wa mai tura finafinai ƙarara cewa memorin nan na yara ne, kuma ki raba shi da naki. Ki kashe abin da ke sa wani bidiyo ya kunna kansa bayan wani a YouTube. Waya kuma ta kwana a ɗakinki.

Sannan ki yi magana da duk wanda kike bar wa yara: ƙanwa, 'yar aiki, abokiyar zama, maƙwabciya. A nan na yi sakaci. Na bar wa ƙanwar mijina jerin abin da za su ci da lokacin maganin tari, ban ce komai a kan waya ba. Da ta ji abin da ya faru ta zo tana hawaye tana cewa, "Anti, wallahi na ɗauka na dariya ne." Na yarda da ita, domin ni ma da farkon kawai na gani haka zan ɗauka.

Abin da ya taimaki 'yata a ƙarshe abu ne mai sauƙi. Na nemo hirar da aka yi da jarumar fim ɗin, tana dariya, tana magana da yarensu. Yarinya ta saurara ta ce, "Mama, ai ba muryarta ba ce." Na ce ƙwarai, wata ce a ɗakin ɗaukar murya ta ara mata Hausa, ta gama ta hau adaidaita sahu ta tafi gida. Sai muka ɗauki bidiyon akuyar maƙwabta, muka kashe sautin, na ce ta yi mata fassara. Ta sa akuya tana ƙorafin tsadar dusa, muka yi dariya har da hawaye.

Fitsarin kwancen ya ɗauki kusan mako uku kafin ya tsaya. Kokon hannuna kuwa ta karɓa tun a mako na biyu. Kalmomin nan huɗu ne dai har yau ban koma faɗa mata ba, yanzu da sunanta nake kiranta, ita ma ba ta tambaye ni dalili ba.